Sunan Emrys a Ƙasar Wales: Ma'anarsa da Asalinsa da Abin da ke Jawo Iyaye Gare Shi

1.0 Gabatarwa

Wannan takarda za ta yi nazarin suna guda ɗaya tak, watau Emrys, wanda ake raɗa wa 'ya'ya maza a ƙasar Wales da ke yammacin tsibirin Birtaniya. Don sauƙin bayani zan riƙa kiran harshen ƙasar Welshanci, masu shi kuma Welshawa. Mai yiwuwa ne wani daga cikin mahalarta wannan taro ya ga kamar an yi nisan kiwo, tun da yawancin takardun da muka saba gabatarwa a kan nazarin sunaye ba su wuce na gida ba. Dalilina shi ne, wannan suna ya shafi wata muhawara da mu ma ba mu gama ta ba, watau ko kalmar aro tana iya zama 'yar gida har a manta da baƙuncinta, da kuma abin da ke mayar da ita hakan.

A yau idan aka tambayi Bawelshe ya kawo sunayen da babu gaurayen Ingilishi a cikinsu, da wuya ya daɗe yana lissafi bai ambaci Emrys ba. Sunan ba shi da yawa kamar Dylan ko Rhys ko Osian, amma duk wanda ya ji shi a Birtaniya ya san daga inda mai shi ya fito. Duk da haka tushensa Girkanci ne, kuma ta hannun Rumawa ya shigo tsibirin.

2.0 Ma'anar sunan

Ana furta sunan da gaɓa biyu, Em-ris, da nauyin murya a kan gaɓar farko. A karin harshen kudancin Wales harafin y na gaɓar ƙarshe yana fita kamar wasalin i namu, a arewa kuwa ana ɗan janye harshe baya wajen furta shi.

Kakan wannan suna shi ne kalmar Girkanci ambrosios, wadda ke nufin abin da ba ya mutuwa, ko abin da ya danganci allolin da Girkawan dā suke bauta wa. An gina ta ne daga ɗafa-goshi na korewa a- da kuma brotos, watau mai mutuwa. Daga nan ne aka sami ambrosia, abincin da tatsuniyoyinsu suka ce alloli ke ci. Saiwar kalmar tsohuwa ce ainun a cikin dangin harsunan Indiya da Turai: ita ce a cikin mors ta Latinanci, ita ce kuma a cikin amrita ta Sanskirit, wadda ita ma sunan abin shan alloli ce. Welshanci da kansa ya gaji wannan saiwa a kalmar marw, matacce, kuma daga gare ta ya ƙera tasa kalmar ta rashin mutuwa, watau anfarwol.

To, a nan akwai abin lura. Bawelshe yana jin anfarwol ya san abin da ake nufi, domin ginin kalmar a fili yake gare shi. Amma idan ya ji Emrys babu wata ma'ana da za ta faɗo masa daga cikin harshensa, sai dai ya tuna da mutanen da suka amsa sunan. Ma'anar rashin mutuwa a littafi ake karanta ta. Haka abin yake ga Bahaushen da ya raɗa wa ɗansa Halidu: kalmar a Larabci tana nufin mai dawwama, amma uban yaron Halidu ɗan Walidu yake nufi, da ƙyar ma'anar kalmar ta taɓa ratsa zuciyarsa.

3.0 Daga Ambrosius zuwa Emrys

Rumawa sun ari kalmar suka mayar da ita sunan mutum, Ambrosius. Wanda ya fi yaɗa shi a Turai shi ne babban limamin kirista na birnin Milan, wanda aka naɗa a 374 ya rasu a 397. Saboda shi ne ake da Ambrogio a Italiya, da Ambroise a Faransa, da Ambrose a Ingila. Duk waɗannan idan aka dube su an ga uwarsu a fuskarsu. Na Wales ne kaɗai ya yi nisa har ya ɓace kama, kuma wannan nisa shi ne ya fi jan hankalin mai nazarin harshe.

Rumawa sun mulki Birtaniya daga shekara ta 43 zuwa wajen 410. A tsawon wannan zamani ɗaruruwan kalmomin Latinanci sun shiga harshen mutanen tsibirin, wanda shi ne ya haifi Welshanci. Har yau suna nan: pont, gada, ffenestr, taga, llyfr, littafi, ysgol, makaranta, eglwys, coci. Sunayen mutane ma sun shiga, alal misali Tacitus ya zama Tegid, Paternus ya zama Padarn, Aeternus ya zama Edern. Bayan tafiyar Rumawa sai harshen ya shiga wani irin juyi mai ƙarfi wanda bai bar kalmar gida ko ta aro ba. Kenneth Jackson ya bi diddigin wannan juyi a littafin da ya wallafa a 1953 a kan harshe da tarihin Birtaniya ta farko, kuma da ma'auninsa za mu iya bin sawun sunan namu.

Da farko sautin i da ke cikin gaɓar ƙarshe ta Ambrosius ya yi naso a kan wasalin o da ke gabaninsa, ya mayar da shi ei. Irin wannan ne ya faru ga spolium, ganima, wadda ta zama yspeil a tsohon rubutu. Sa'an nan sai gaɓar ƙarshe ɗungum ta shafe, kamar yadda ta shafe a dukkan kalmomin harshen wajen ƙarni na 6. Daga baya sabon wasalin ya sake yin naso a kan a ta farko, ta koma e, daidai da yadda aka gani a Tegid. Wannan shi ya ba mu Embreis, kuma ba ƙiyasi ba ne, haka sunan yake a rubuce a wani littafi na ƙarni na 9 da za mu zo kansa. Saura baƙin b. Shi kuma m ce ta haɗiye shi, bisa wata ƙa'ida da ta shafi sunan al'ummar kanta, domin Cymry, sunan da Welshawa suke kiran kansu, daga tsohuwar kalma Combrogi ya fito, watau 'yan ƙasa ɗaya. Da haka Embreis ya koma Emreis, ya ƙare a Emrys. Wani abin sha'awa shi ne, wannan b ɗin da ma can Girkanci ne ya cusa shi tsakanin m da r don sauƙin furuci. Welshawa sun cire shi ba tare da sun san sun mayar da kalmar kusa da yadda take tun asali ba.

Duk da wannan sauyi, akwai tabo guda da ke tona asirin baƙuncin sunan, watau s ta ƙarshe. A kalmomin gado na harshen, s da ta faɗo tsakanin wasula biyu ta daɗe da ɓacewa, shi ya sa tsohuwar kalma isarno, ƙarfe, ta zama haearn. Kalmomin Latinanci kuwa sun riƙe tasu, kamar yadda aka gani a eglwys da caws, cuku. Emrys yana cikin wannan rukuni na biyu.

Mu da muka ga yadda Muhammadu ya zama Mamman, Ibrahim ya zama Iro, ba za mu yi mamakin wannan ba. Sai dai ina so in ja kunnen ɗalibai a kan wani tarko. Welshawa suna da sunan maza Idris, har da dutse mai suna Cadair Idris, kujerar Idris. Wannan ba shi da wata nasaba da Idirisu na Larabci. Daga tsoffin kalmomin harshensu biyu ya fito, masu nufin shugaba da kuma zafin nama. Sunaye biyu suna iya yin kama alhali ba dangi ba ne, kamar yadda Ambrosius da Emrys ba su yi kama ba alhali abu ɗaya ne.

4.0 Mutum ɗaya da ya zama uku

Sauyin sauti ya ba sunan kamannin gida, amma labari ne ya ba shi daraja. Farkon wanda ya kafa wannan daraja shi ne Ambrosius Aurelianus, wani jarumi na ƙarni na 5. Labarinsa ya zo mana ne daga wani malamin kirista mai suna Gildas, wanda ya rubuta littafin wa'azi da Latinanci a ƙarni na 6 yana kukan lalacewar Birtaniya. Gildas mutum ne mai rowar ambaton sunaye, kuma yawancin waɗanda ya ambata zaginsu ya yi. Ambrosius kuwa yabonsa ya yi. Ya nuna shi a matsayin mutum mai tawali'u, ɗan gidan Rumawa, wanda iyayensa suka sa tufafin shunayya na manya kuma aka kashe su a hargitsin zamanin. Shi ne ya tattara ragowar mutanen tsibirin suka tunkari Saksonawa, watau ƙabilun da suka ƙetaro daga gaɓar arewacin Jamus, waɗanda su ne kakannin Ingilishi. Ya kamata a lura cewa Gildas bai ambaci sarki Arthur ko sau ɗaya ba. A mafi tsufan shaidar da ake da ita, gwarzon wannan yaƙi Ambrosius ne.

Bayan kimanin shekara 300, wajen 829, aka tsara wani littafi a arewacin Wales mai suna Historia Brittonum, watau tarihin mutanen Birtaniya. A nan jarumin ya koma yaro mai gani har hanji. Ga yadda labarin yake a taƙaice. Sarki Gwrtheyrn, wanda ake zargi da gayyato Saksonawa cikin ƙasar, ya gudu duwatsun Eryri yana son gina ganuwa. Duk kayan ginin da aka tara da rana sai a wayi gari sun ɓace, har sau uku. Bokayensa suka ce ginin ba zai tsaya ba sai an sami yaron da ba shi da uba, an yanka shi, an yayyafa jininsa a wurin. Aka baza manzanni, suka tarar da wasu yara suna wasan ƙwallo, ɗaya yana yi wa ɗaya gorin rashin uba. Aka kawo yaron gaban sarki. Maimakon ya yi kuka, sai ya ƙure bokayen da tambaya: mene ne a ƙarƙashin wannan wuri? Suka kasa. Ya ce a haƙa za a sami tafki, a cikinsa kuma akwai macizai biyu suna barci, ɗaya ja ɗaya fari. Aka haƙa aka same su, suka farka suka kama faɗa. Farin ya yi ta rinjaye, amma daga ƙarshe jan ya kore shi. Yaron ya fassara cewa jan shi ne mutanen ƙasa, farin kuma Saksonawa. Da sarki ya tambayi sunansa sai ya ce Ambrosius, marubucin kuma ya ƙara da cewa shi ne Embreis Guletic. Kalma ta biyu, wadda a yau ake rubutawa Wledig, daga gwlad ta fito, watau ƙasa, don haka laƙabin yana nufin mai ƙasa.

Akwai tufka da warwara a cikin labarin, domin yaron da aka nemo saboda rashin uba shi ne kuma ya ce ubansa babban hakimin Rumawa ne. A ganina wannan alama ce ta ɗinki: marubucin ya haɗa tatsuniyar yaro mai duba da abin da ya karanta a Gildas, bai goge zaren ba.

Sai kuma Geoffrey na Monmouth, wanda wajen 1138 ya fitar da tarihin sarakunan Birtaniya, littafin da ya fi kusa da ƙagaggen labari amma ya mamaye Turai. Shi ya raba mutumin gida biyu. Jarumin ya mayar da shi sarki Aurelius Ambrosius, wan mahaifin Arthur. Yaron kuwa ya gwama shi da wani mawaƙi mai duba na tsoffin waƙoƙin Welshawa, Myrddin, ya kira shi Merlin, ya ce ana kuma kiransa Ambrosius. Da aka fassara littafin zuwa Welshanci sai aka sami Emrys Wledig, sarki, da Myrddin Emrys, boka. Ke nan suna ɗaya ya tara jarumin tarihi da sarkin almara da bokan da ya fi kowane boka suna a adabin Turai.

Wurin da aka ce abin ya faru yana nan, wani tsauni kusa da ƙauyen Beddgelert, ana kiransa Dinas Emrys, ganuwar Emrys. Tsakanin 1954 da 1956 H. N. Savory ya yi haƙa a kansa, ya sami tafki, ya kuma sami alamun an zauna a wurin a ƙarshen zamanin Rumawa da bayansa, har da fasassun tuluna da aka shigo da su daga ƙasashen Bahar Rum. Wannan bai tabbatar da macizai ba, amma ya nuna mai labarin ya san wurin. Jan macijin kuwa, wanda daga baya aka zana shi da fukafukai da ƙafafu, shi ne a tutar da Henry Tudor ya ɗaga a yaƙin Bosworth a 1485, kuma shi ne a tutar Wales da aka amince da ita a hukumance a 1959.

5.0 Yadda sunan ya dawo bakin iyaye

Kada a ɗauka cewa tun daga wancan zamani iyaye suke ta raɗa sunan. Ƙarnuka da dama ya zauna a littattafai da waƙoƙi ya fi yadda ya zauna a gidaje. A dā Bawelshe yana amsa sunansa ne da na ubansa, a haɗa su da ap ko ab, watau ɗan wane. Bayan dokokin 1536 da 1543, waɗanda suka haɗe Wales da Ingila suka kuma wajabta Ingilishi a kotu da aikin hukuma, sai a hankali aka koma tsarin sunan iyali irin na Ingila. Ap Rhys ya zama Price, ap Hywel ya zama Powell, ab Owain ya zama Bowen. Sunayen haihuwa kuma suka ƙuntata ƙwarai, kusan kowa John ne ko William ko David ko Thomas, abin da ya sa ƙasar ta cika da Jones da Williams da Davies.

Farfaɗowar ta zo ne a ƙarni na 19, kuma da gangan aka yi ta. Mawaƙan da ke shiga gasar waƙa ta eisteddfod suna da al'adar ɗaukar laƙabin waƙa na Welshanci. Ɗaya daga cikinsu, William Ambrose, limamin coci a Porthmadog wanda ya rayu daga 1813 zuwa 1873, da Emrys ya yi suna. Amma wanda ya sa sunan ya sami sabon nauyi shi ne Robert Ambrose Jones, wanda aka haifa a Abergele a 1848. Sunayensa uku duk na tsarin Ingila ne. Sai ya ɗauki na tsakiya ya mayar da shi Emrys, ya ɗauki sunan ubansa John ya mayar da shi Iwan, ya dawo da ap da aka yar, ya zama Emrys ap Iwan. Sauyin sunan kansa matsayi ne a cikin rigimar harshe.

Rigimar kuwa ba ƙarama ba ce. Tun rahoton hukuma na 1847 a kan ilmi a Wales, wanda ya ɗora wa Welshanci alhakin jahilci da ci-bayan jama'a, manyan ƙasar da yawa suka sakankance cewa harshen ya kusa ƙarewa. Cocinsa ma ya shiga gina majami'u masu wa'azi da Ingilishi a garuruwan da Welshanci ake yi. Emrys ap Iwan, wanda ya zauna a Lausanne ta ƙasar Suwizalan yana koyarwa, ya kuma ga yadda wasu al'ummun Turai ke riƙe da harsunansu, ya yi ta sukar wannan manufa a jarida da kakkausan alƙalami. Ya biya farashi: a taron cocin na 1881 a Llanidloes aka ƙi naɗa shi limami, sai a 1883 aka naɗa shi. Shi ne ya ƙera kalmar ymreolaeth, mulkin kai. Ya rasu a 1906, T. Gwynn Jones ya rubuta tarihin rayuwarsa a 1912, kuma waɗanda suka kafa jam'iyyar Plaid Cymru a 1925, musamman Saunders Lewis, sun ɗauke shi a matsayin wanda ya share musu hanya. Makarantar sakandare ta Abergele tana ɗauke da sunansa, ko da yake da Ingilishi ake koyarwa a cikinta, abin da ba na jin zai yi wa marigayin daɗi.

Daga ƙarshen ƙarni na 19 sai ga sunan a takardun haihuwa. Emrys Hughes, wanda aka haifa a Tonypandy a 1894, ya wakilci wata mazaɓa ta Sikotilan a majalisar dokokin Birtaniya daga 1946 har rasuwarsa a 1969. Emrys George Bowen, wanda aka haifa a 1900, ya zama shehun malamin labarin ƙasa a Aberystwyth. Emrys Roberts ya wakilci Meirionnydd daga 1945 zuwa 1951. Idan aka dubi shekarun haihuwarsu za a ga sun faɗo ne daidai zamanin farfaɗowar nan. Bayan wannan zubi sai sunan ya tsufa tare da masu shi, ya zama irin wanda aka fi ji a kan kakanni.

6.0 Masu zaɓensa a yau

Masu raɗa sunan a wannan zamani iri biyu ne, kuma ba abu ɗaya suke nema ba. Na farko su ne iyayen da ke cikin Wales. Ƙidayar 1911 ta sami masu jin Welshanci kusan 977,000. A 2011 sun koma kimanin 562,000, a 2021 kuma 538,300, watau kashi 17.8 cikin ɗari na mutanen da shekarunsu suka kai uku zuwa sama, alhali gwamnatin Wales ta sa wa kanta burin kaiwa miliyan ɗaya zuwa 2050. A irin wannan hali sunan da uba ya ba ɗansa yana ɗaya daga cikin 'yan abubuwan da ke hannunsa. Akwai iyayen da su kansu harshen ya kuɓuce musu, amma suna so ko da sunan yaron ya tuna da shi. Akwai kuma masu mayar da sunan kakan da ya rasu, kamar yadda ake yi a ko'ina. Emrys yana da wata fa'ida a nan: babu sautin ll ko rh ko ch a cikinsa, waɗanda ke karya harshen baƙo, don haka yaro zai iya tafiya da shi Landan neman aiki ba tare da an riƙa lauya masa suna ba.

Iri na biyu su ne iyayen da ba su da wata alaƙa da Wales, a Ingila da Amurka da wasu wurare. Su ta hanyar Merlin suka san shi. Mary Stewart ta yi amfani da Myrddin Emrys a littafinta The Crystal Cave na 1970, sa'an nan wasan talbijin na BBC mai suna Merlin, wanda aka nuna daga 2008 zuwa 2012, ya mayar da Emrys sunan asiri na jarumin. Bugu da ƙari ya dace da yayin sunaye masu farawa da Em, irin su Emma da Emily da Emmett, ga shi kuma ba a cika jin sa ba, wanda shi ne abin da iyayen zamani da yawa ke nema. A wurin waɗannan ne ma'anar rashin mutuwa take da ƙarfi, domin ita ce abu na farko da littattafan sunayen jarirai ke nuna musu. Ke nan ma'anar Girkancin da Welshawa suka daina ji fiye da shekara dubu da suka wuce, baƙi ne suka tono ta, kuma yawancinsu ba su taɓa jin labarin limamin Abergele da aka hana naɗi a 1881 ba.